Kayan Aro Ba Ya Rufe Katara: Launin Fata, Sutura da Hoto a Ƙasar Tsauni

Tsauni ƙasa ce ta manoma a yankin Matamaye, cikin jahar Damagaram, ba nisa da iyakar Najeriya. Idan kaka ta yi, aka kai damman gero rumbu, aka tone gyaɗa, sai lokacin bukukuwan aure ya kama. A yau babu bikin da ake watsewa ba a ɗauki hoto ba, domin kuwa wayar hannu ta shiga kowace unguwa. To amma duk wanda ya sa ido zai lura da wani abu. Sau da yawa amaryar da kowa ya sani baƙa ce, ko wankan tarwaɗa, sai ta fito a hoto fara sol. Wani lokaci aikin wayar ne, don an sa mata dabarar haskaka fuska. Wani lokaci kuwa mai ne aka yi makonni ana shafawa kafin ranar ɗaurin aure. Har akan miƙa wa tsohuwa hoton jikanyarta, ta juya shi, ta ƙura masa ido, sa'an nan ta ce: "Wannan kuma ɗiyar wa ce?"

Tambayar tsohuwar nan ba ta wasa ba ce. Ma'aunin da ake auna kyau da shi yana da asali, akwai waɗanda suka ƙera shi, akwai kuma masu cin riba da shi. Ya kamata mai karatu ya san hanyar da ya biyo kafin ya iso Tsauni, da kuma abin da yake jawo wa lafiyar mata.

Adon da aka gada

Tun kafin zuwan Nasara ƙasar Hausa ta shahara wajen sutura. Bajamushen matafiyi Heinrich Barth, wanda ya yi yawonsa da sunan Abdulkarim, ya shiga Kano a shekara ta 1851, ya kuma sauka Damagaram a ƙarshen 1852. Ya ba da labarin cewa tufafin da ake saƙawa a kuma rina a ƙasar Kano suna kaiwa har Tambutu da Gat da Tarabulus. Masaƙa suna fid da saƙi da barage da tsamiya da gwado, marina suna tsoma su a karofi, mabuga kuma suna bugun su har su yi ƙyalli.

A cikin kayan nan babu wanda ya kai turkuɗi da rawani ɗan Kura daraja. Akan rina su sau da yawa cikin baba, a buga su da shuni har su yi baƙi mai walƙiya, su riƙa barin launinsu a jikin mai sanye da su. Abzinawa suna sayen su da tsada, ba sa kuma ƙyamar shunin da ke kama musu fuska, ado ne a wurinsu. Mata kuwa sukan shafa shuni a kitso, su sa kwalli a ido, su ƙunsa lalle har ya nuna ya yi duhu, su goga fure a haƙora. Ke nan a wancan ma'auni, launi mai duhu idan ya yi sheƙi alama ce ta wadata da gata.

Amma gaskiya ɗaya ce, ba a ɓoye ta. Son farar fata ba duka ne baƙo ya kawo shi ba. Bahaushe da kansa ya yi wa farar mace kirari da alkyabbar mata. Zamanin cinikin bayi ta hamada ma ya bar tabonsa, inda a wasu wurare aka riƙa haɗa baƙar fata da ƙasƙanci. Sai dai a da, kowace mace takan zauna da launin da aka haife ta da shi, ta gyara shi da man shanu ko man kaɗanya. Abin da zamani ya ƙaro shi ne na'urar da ke yaɗa kama guda ɗaya a ko'ina, da kuma kasuwar da ke sayar da alkawarin samun wannan kama.

Sa'ad da na'urar hoto ke hannun baƙo

Sojojin Faransa sun kama Damagaram a shekara ta 1899, birnin kuma ya zama hedkwatar mulkinsu a Nijar har 1926, lokacin da aka mai da ita Yamai. A wannan zamani mai mulki shi ne mai ɗaukar hoto, talaka kuwa shi ne abin ɗauka. Wani Bafaranshe mai suna Edmond Fortier, wanda ya zauna a Dakar a farkon ƙarni na 20, ya buga dubban katunan wasiƙa masu hotunan Afirka ta Yamma, da yawa daga cikinsu na ƴammata ne ba riga. Ba a rubuta sunayensu ba, sai dai sunan ƙabila, kamar yadda ake rubuta sunan tsiro. Tun daga 1915 kamfanin garin koko na Banania ya riƙa talla da zanen sojan Afirka mai jar dara yana washe baki. A 1931 aka yi babban baje kolin ƙasashen mallaka a birnin Paris, inda miliyoyin mutane suka je kallon ƙauyukan da aka gina don nishaɗinsu, da mutanen da aka kwaso aka zuba a ciki.

Sa'an nan a 1934 aka kafa dokar da ake kira da sunan Pierre Laval, ministan ƙasashen mallaka na lokacin. Dokar ta hana ɗaukar silima a ƙasashen Afirka da ke hannun Faransa sai da iznin hukuma. Saboda haka ne Paulin Vieyra da abokansa, ɗalibai ƴan Afirka, da suka so yin fim a 1955, sai a bakin kogin Seine na birnin Paris suka yi shi.

Ita kanta na'urar ba a ƙera ta da baƙar fata a zuci ba. Tun daga shekarun 1950 kamfanin Kodak na Amurka yakan aika wa masu wanke hoto wani kati mai hoton Baturiya, don su daidaita launin injinsu da shi. Ana kiran katin Shirley, sunan matar da aka fara ɗauka. Idan fuskarta ta fito daidai, to an ce inji ya daidaitu. Sakamakon haka, idan aka ɗauki baƙin mutum, sau da yawa ba a ganin komai sai fararen idanu da haƙora. Wata malamar jami'a ta ƙasar Kanada, Lorna Roth, ta bayyana a 2009 cewa daga cikin abubuwan da suka sa kamfanin ya gyara fim ɗinsa har da kukan masu sayar da cakulan da kayan katako, waɗanda suka ce hajarsu mai duhu ba ta fitowa sosai a talla. Sai a tsakiyar shekarun 1990 aka fid da kati mai ɗauke da mata masu launi dabam-dabam.

Matsalar ta biyo zamani har cikin kwamfuta. A 2018 Joy Buolamwini da Timnit Gebru suka gwada na'urori uku masu duba fuska su faɗi ko namiji ne ko mace. Kuskurensu a kan fararen maza bai kai kashi 1 cikin 100 ba, amma a kan baƙaƙen mata ya kai har kusan kashi 35. A gefe guda kuma, kamfanin ƙasar Sin mai yin wayoyin Tecno ya daidaita na'urar hotonsa don ta fid da baƙar fuska sarai, wannan kuwa yana cikin dalilan da suka sa ya samu kasuwa a Afirka. Ashe ba fatar ce ke da aibi ba. Saitin inji ne, kuma mutum ne ke yin sa.

Ƴan ƙasa sun karɓi na'ura

Nijar tana cikin ƙasashen Afirka na farko da ƴaƴansu suka riƙe na'urar silima. Oumarou Ganda, wanda aka haifa a Yamai a 1935, ya yi aikin soja a yaƙin Indoshin, daga baya ya koma dako a tashar jiragen ruwa ta Abijan. A can Jean Rouch ya same shi, ya sa shi a fim ɗinsa Moi, un Noir na 1958. Fim ɗin ya samu yabo a Faransa, amma mai na'ura Bature ne. A 1965 Ousmane Sembène na Senegal ya faɗa wa Rouch a gaban idonsa cewa shi da ire-irensa suna kallon mutanen Afirka kamar yadda ake kallon ƙwari. Ganda bai tsaya a matsayin abin kallo ba. Ya shirya Cabascabo, labarin tsohon soja da ya dawo gida, wanda aka nuna a Cannes a 1969. A 1972 kuma fim ɗinsa Le Wazzou polygame ya ci babbar kyauta ta bikin FESPACO a Wagadugu, karo na farko da aka ba da ita.

Moustapha Alassane shi ma ya taɓo wannan magana ta kayan aro tun 1966, cikin fim ɗinsa Le Retour d'un aventurier. Wani saurayi ne ya dawo daga tafiya da akwati cike da kayan kaboyi, ya raba wa abokansa. Da suka sa malafa da takalma suka rataya bindigogi, sai suka canza sunayensu, suka shiga ta da hankalin ƙauyensu, har abin ya kai ga zub da jini. A cikin fim ɗin ne Zalika Souley ta fara fitowa. Ta zama tauraruwa ta farko a ƙasar, ta kuma sha tsangwama daga mutanen da suka kasa bambanta wasa da halin mai wasa. Rahmatou Keïta ta ba da tarihinta cikin wani fim a 2004. Ita kuma ta rasu a 2021.

Damagaram ba a bar ta a baya ba. A nan aka yi bikin matasa na ƙasa na farko a 1976, inda ƙungiyoyin samariya suka fito da suturar yankunansu. Ƙungiyar wasan kwaikwayo ta gidan rediyon Damagaram, wadda Yazi Dogo ya yi suna a cikinta, ta sa manomi da ɗan kasuwa da uwargida sun ga irinsu a talbijin, da harshensu da tufafinsu. A 2016 Rahmatou Keïta ta fid da fim ɗin Zinariya, labarin wata budurwa da ta dawo masarautar Damagaram bayan karatu a Faransa, ta kuma cika shi da kitso da zannuwa da kayan ado na gargajiya.

Dandalin nuna sutura

A fagen ɗinki ma haka abin yake. Mujallar Vogue ta Amurka, wadda aka kafa a 1892, ta yi shekara 82 kafin ta sa hoton baƙar mace a bangonta, watau Beverly Johnson a 1974. Sai a 2001 baƙar mace ƴar Afirka, Agbani Darego ta Najeriya, ta ci gasar sarauniyar kyau ta duniya.

Wani ɗan Nijar, Seidnaly Sidhamed, wanda aka fi sani da Alphadi, ya ga bai kamata kullum sai an je Paris kafin a nuna gwanintar Afirka ba. A watan Nuwamba na 1998 ya tara maɗinka daga ƙasashe da dama a Tigidit, cikin hamadar Agadas, ya buɗe bikin FIMA. Ya sa aikin maƙeran azurfa da dukawa da masaƙa na ƙasar a gaban idon duniya. A 2016 hukumar UNESCO ta naɗa shi jakadan zaman lafiya ta fannin fasaha. Amma bikin bai rasa masu suka ba. A shekara ta 2000, da aka kawo shi Yamai, wasu ƙungiyoyin addinin Musulunci sun yi zanga-zanga a Yamai da Maraɗi, suna cewa irin shigar da ake nunawa ta saɓa wa tarbiyya. Wannan ya nuna cewa maganar ba ta tsaya ga launin wadda aka nuna ba, har da yadda aka nuna ta, da kuma ko jama'arta za su gane kansu a cikin abin.

Ko atamfar da ake zubawa a lefe tana da nata labari. Asalin dabarar buga ta daga tsibirin Jawa ne na ƙasar Indonesiya. Kamfanin Vlisco na ƙasar Holan, wanda aka kafa a 1846, shi ya yi suna wajen buga mai tsadar, mai araha kuwa yawancinta daga Sin take zuwa. Matan Afirka ne suka zaɓi zanen da suke so, suka raɗa masa suna, telolinsu suka ba shi siffa, har duniya ta ɗauke ta a matsayin tufar Afirka. Aro irin wannan bai cuci jikin kowa ba, ko da yake ya durƙusar da masaƙa da marina da yawa. Zane idan ya ishe ka sai ka tuɓe. Fata kuwa ba a tuɓe ta.

Daga silima zuwa farin kanti

Madubin da ya fi kusa da mutanen Tsauni ba daga Paris yake zuwa ba. Ta hanyar Kano da Daura yake shigowa. Tun shekarun 1960 finafinan Indiya suka mamaye gidajen silima na ƙasar Hausa, taurarinsu mata kuwa kusan dukansu farare ne, alhali a Indiya akwai miliyoyin mutane masu duhun fata. Da aka fara finafinan Hausa na bidiyo a Kano, tun daga Turmin Danya na 1990, an ɗauko rawa da waƙa irin na Indiya, an kuma ɗauko ma'aunin kyau tare da su. Mai kallo zai shaida cewa sau da yawa farar yarinya ce ake ba matsayin masoyiya ko ɗiyar attajiri. Yau ga wayar hannu ta zo da hotuna marasa iyaka da aka riga aka goge aka haskaka. Samari kuma suna ta maimaita zancen nan na "fara ko mayya ce", suna dariya, ƙannensu mata suna ji.

Daga nan sai kasuwa ta karɓa. Babu kasuwar ƙauye da za a rasa mai tebur ɗauke da mayuka da sabulai masu hoton farar mace a kwalinsu, wasu ma an haɗa su ne a gida, ba suna ba takarda. Abin da suke bayarwa shi jama'a ke kira farin kanti. A 2011 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da ƙididdiga cewa mata 25 cikin 100 a Mali, 59 a Togo, 77 a Najeriya suna amfani da irin waɗannan kaya. Adadin Najeriya ya samo asali ne daga binciken da aka yi tsakanin ƴan kasuwar Ikko, saboda haka ba a ɗora shi a kan kowane gari ba. Duk da haka ya isa ya nuna girman al'amarin.

Likitoci sun ce abu uku ne suka fi ɓarna a cikin mayukan. Na farko hidrokinon, wanda ke hana fata yin sinadarin da ke ba ta launi, alhali wannan sinadari shi ne garkuwarta daga zafin rana. Idan aka daɗe ana shafa shi sai kumatu da goshi su yi baƙin tabo mai wuyar magani. Na biyu magungunan kotizon masu ƙarfi, waɗanda aka yi don cutar fata, a sha ko a shafa da iznin likita na ɗan lokaci. Su ne ke sa fata ta yi sirara, jijiyoyi su bayyana, nankarwa ta tsattsage jiki, ƙuraje da makero su samu wurin zama, rauni ya ƙi warkewa. Suna kuma iya jawo hawan jini da ciwon sukari. Wannan babban hatsari ne ga macen da haihuwa ta zo mata da gardama har aka yi mata aiki. Na uku zaiba, wadda ke lalata ƙoda da jijiyoyi, tana kuma ratsawa ta kai ga ɗan da ke ciki da wanda ke shan nono. Ga macen karkara da ke yini a gona ko a bakin rijiya cikin rana, ɓarnar ta fi saurin bayyana. Kuma da ta daina shafawa sai launin ya dawo, wani lokaci fiye da da, sai ta koma ta saya. Nan ne ribar mai sayarwa take.

Hukumomi sun fara ɗaukar mataki. Yarjejeniyar Minamata ta 2013 ta ƙayyade zaiba a kayan shafa, a 2023 kuma ƙasashen da suka sa hannu suka amince a hana ta gaba ɗaya. Kwaddibuwa ta hana mayukan sauya launi masu haɗari a 2015, Ruwanda ta bi kasuwanni tana kwashe su tun daga ƙarshen 2018. A 2020 kamfanin Unilever ya cire kalmar da ke nufin fari daga sunan mansa Fair & Lovely bayan an yi masa ca. A Najeriya, daga ranar 1 ga Oktoba 2022 aka hana sa baƙin ƙasashen waje a tallace-tallace, a 2023 kuma hukumar NAFDAC ta ce shafe-shafen nan ya zama matsalar lafiya ta gaggawa. Amma doka ba ta isa ita kaɗai ba, musamman a ƙasar iyaka inda kaya ke ratsowa a bayan babur.

Abin da ya rage ga jama'a

Gyaran yana hannun mutane da yawa. Ma'aikatan likita da ungozomomi su ne suka fi kusa da mata, ya kamata su riƙa bayyana musu illar mayukan a lokacin awon ciki, cikin mutunci, ba da gori ba, domin wadda aka kunyata ba ta dawowa. Wadda ta daɗe tana shafa mai kotizon kuwa, ta nemi shawarar likita kan yadda za ta bari. Jami'an kwastan da na kiwon lafiya su san sunayen abubuwa ukun nan, su riƙa duba kwali. Malaman lakwal da na yaƙi da jahilci su lura da hotunan da ke cikin littattafai da allunan da suke koyarwa da su. Masu ɗaukar hoton biki su koyi sarrafa haske yadda baƙar fuska za ta fito da kyanta, maimakon su wanke ta. Masu shirya fim da talla su tuna cewa duk wadda suka zaɓa su nuna, dubban yara ne za su auna kansu da ita.

Babban nauyi kuwa yana kan maza da iyaye. Yarinya ba ta sayen farin kanti don ta ƙi lafiyarta. Tana saye ne don ta ji abin da ake faɗa a dandali, ta ga wadda ake rububin aure, ta kuma ji yadda ake tsokanar baƙa tun tana ƙarama. Ranar da saurayi ya daina zancen fara ko mayya ce, uwar miji ta daina tambayar launin amarya kafin ta tambayi halinta, mai tebur zai nemi wata hajar.

Oumarou Ganda ya fara ne a gaban na'urar wani, ya ƙare yana riƙe da tasa. A yau na'urar tana aljihun kusan kowane saurayi a Tsauni, abin da mutanen zamanin dokar Laval ba su taɓa mafarki ba. Saura a yi amfani da ita a ɗauki mutane yadda suke, har idan an miƙa wa tsohuwa hoton biki ta gane jikanyarta tun kallon farko. Masu iya magana dai sun riga sun ce kayan aro ba ya rufe katara.